Ƙafar Inna Barakatu

Shafi na 19

Jama'a a yi mini afuwar shirun jiya, wuta ce ta ƙi mu, waya ta mutu murus. Masu jifan Ya'ƙub da zagi a ƙarƙashin shafin baya, duk na gani. Ku ɗan ajiye duwatsun tukuna. Ga inda muka tsaya.

*

Tun daga nesa Labbo mai ɗori ya san ba lafiya ba.

Mai kabu-kabun da ya shigo layinsu a Aliero ko a kan kwalbati bai rage gudu ba, kaji sai watsewa suke, har ya iso ƙofar gida ya tsai da mashin da ƙafa.

Isiyaku ne, maƙwabcin Inna Barakatu a Mungadi. Magidanci mai furfura a gemu, wanda ko mai naƙuda ya ɗauko ba ya irin wannan gudun.

"Labbo, tashi!"

"Lahiya?"

"Ina hwa lahiya. Ƙanwarka Zinatu ta aiko ni. Ƙahwar Inna ce."

Labbo yana zaune ne yana feren karan ɗori. Wuƙar ta tsaya cak a hannunsa.

"Mi yas samu ƙahwar?"

"Ta kumbura har ta haɗiye igiya. Yatsun sun yi baƙi."

"Baƙi kamar mi?"

"Kamar ɗinya."

"Da ɗumi ko da sanyi?"

"Sanyi ƙalau. Zinatu tac ce ta tsunkuli babban yatsan, Inna ko motsi."

Innalillahi. Labbo bai san lokacin da ya miƙe ba, karare suka zube daga cinyarsa. Ya san wannan baƙin. Ɗauri ne ya shaƙe jini, kuma idan ba a sassauta shi yau ba, gobe ba maganar ɗori za a yi ba, maganar yanke ƙafa za a yi.

Kuma shi ya ɗaura ta da hannunsa. Ƙafar matar da ta ba shi nono lokacin da mahaifiyarsa ta kwanta ciwo yana jariri, ta haɗa shi da ɗanta Ya'ƙub a cinya ɗaya, wannan na dama wannan na hagu.

Ya zura takalmi, ya suri jakar fatarsa.

"Ina za ka?"

Kawu Ɗantsoho ne, babba a gidan ɗori, tsaye a bakin zaure da carbi. Ashe duk ya ji.

"Mungadi, Kawu."

"Da iznin wa?"

Labbo ya nufi mashin.

"Na ce da iznin wa? Ko ka manta inda kad dangwala yatsa?"

Ina zai manta? Ranar da ya je duba ƙafar ne tsiyar ta tashi. Ya tarar da labarin cewa hawan rumbu tsohuwa ta yi don ta ɗebo gero ta faɗo, Ya'ƙub kuwa yana ƙofar gida yana dara. Shi Labbo bakinsa ba ya da linzami. A gaban mutane ya ce wa Ya'ƙub, kai ɗa ne a gidan nan ko baƙo? Ya'ƙub ya ce, kai dai nono ka sha, ba kai ta haifa ba. Kafin a ankara sun shaƙe juna, ga wuƙar yankan igiya a hannun Labbo, mata na ihu. Da ƙyar aka raba.

Bayan haka sai sammaci. Ya'ƙub ya kai ƙara wurin 'yan sanda a Maiyama, magana ta wuce kotun majistare a Jega. Majistare ya ce don kada a zub da jini, Labbo ya ɗauki alkawarin zaman lafiya, kada ya shiga Mungadi, kada ya kusanci gidan Ya'ƙub har shekara ta zagayo. In ya saɓa, gidan kaso. Kawu Ɗantsoho ya tsaya masa.

Shi kuwa bawan Allah da ya ji an ce zaman lafiya, ya ɗauka irin sulhun ƙofar hakimi ne, inda ake ce muku ku yafi juna, washegari ka sayi goro ka je gidan abokin faɗanka ka nuna zuciyarka ta wanke. Ko sauran bayanin bai saurara ba. Har murmushi ya yi yana dangwala yatsa! Washegari ya sayi goronsa fari tas, sai da Kawu ya tare shi a hanya ya fassara masa abin da ya sa wa hannu.

Goron yana nan a rataye, ya bushe.

Isiyaku ya rusuna. "Kawu, to kai ka taho mana. Ai kai kak koya mashi."

"Ba ni zuwa."

"Kawu, ƙahwa ce hwa."

"Na san ƙahwa ce. A gidan ga ba a kwance ɗaurin wani. Wanda yaɗ ɗaura shi yas san yadda ya aje ƙashi, shi yas san inda yaj ja da inda yas saki. In na sa hannu ƙashin ga ya goce, mi zan hwaɗa ma Allah? Ubana bai yi ba, ni ma ba ni yi."

"To a kai ta asibiti," in ji Labbo.

"An yi da ita har an gaji," in ji Isiyaku. "Tac ce ita ba ta zuwa inda aka yanke ƙahwar mutane. Jiya anka gwada ɗaga ta da tabarmar, ta suma, sai da anka zuba mata ruwa."

Labbo ya kai gwauro ya kai mari a ƙofar gida. Ya kama mashin ɗin Isiyaku, ya saki. Ya dubi rana. Juma'a ce, kuma hantsi ya riga ya ɗaga.

"Kawu, in na tahi hakanan?"

"Kahin ka kai zauren an kama ka. Kai ka kwana kaso, ni in bi ka da tsuhwana, ƙahwa kuma ta ruɓe. Mi anka yi ke nan?"

"To wanda yas sa dokar shi ka cire ta."

"Majistare?"

"Shi."

"Labbo, ana ja da hukuma?"

"Yau za a ja. Isiyaku, tada mashin!"

*

Jega ranar kasuwa, sai wanda ya gani. Motocin albasa sun toshe hanya, masu amalanke na zage-zage, jakuna sun ƙi gaba sun ƙi baya. Labbo ya ji kamar ya sauka ya ɗauki mashin ɗin a ka.

"Ya'ƙub na gida?" ya tambaya daga baya.

"Shina nan Jega. Ni nik kawo shi da sassahe."

"Uwatai na kwance shina yawon kasuwa?"

"Ba kasuwa yaz zo ba. Gidan wani malami nis sauke shi, bayan masallacin Juma'a."

"Malami kuma? Na mi?"

"Oho. Ka san shi kwanan ga ba ya magana."

A barandar kotu suka tarar da magatakarda yana tattara fayil. Ya saurari Labbo da kunne ɗaya.

"Ƙalubalantar odar majistare? Wannan ai ɗaukaka ƙara ce. Birnin Kebbi za ka, babbar kotu."

"Yau za su ji ni?"

Magatakarda ya yi dariya, ba ta mugunta ba, ta tausayi.

"Malam, jihar nan jiya-jiya aka yanko ta daga Sakkwato. Wasu takardun ma suna can ba su iso ba. Ka nemi lauya, ka shigar, a sa muku rana."

"Ƙahwar ba ta kai Litinin."

"To ni me zan yi? Kotu ma yanzu za ta tashi, Juma'a ce."

Labbo ya leƙa ta taga. Majistare yana zaune, tabarau a kan hanci, yana sallamar wata shari'ar akuya. Ya ga ya rufe fayil, ya kai hannu ga hularsa.

Wallahi Labbo bai yi shawara da kowa ba, ko da zuciyarsa. Sai dai ya ga kansa a tsakiyar kotu, gwiwa a ƙasa, jakar fata a ƙirji.

"Ranka shi daɗe! A ji ni don Allah!"

Kofur ɗin da ke bakin ƙofa ya yo kansa. Majistare ya ɗaga hannu.

"Bar shi. Ba kai ne mai ɗorin Aliero ba? Wanda na sa ya yi alkawarin zaman lafiya?"

"Ni ne."

"Ka saɓa?"

"Ban saɓa ba. Na zo in ce ban yarda da ita ba."

Kowa ya juyo. Wani tsoho a benci na baya ya ce, "Tabɗi."

Majistare ya cire tabarau. "Ranar nan na tambaye ka, ka ce ka yarda. Har kana fara'a."

"Ban gane ba, ranka shi daɗe. Na aza sulhu ne. Na aza gobe in tahi in gaishe shi."

"An karanta maka da Hausa."

"An karanta. Kunnena ne yat tsaya ga zaman lahiya, bai ƙara gaba ba. Laihina ne."

"To yanzu me ya sauya?"

Labbo ya faɗa masa. Kumburi, baƙin yatsu, sanyi. Ya faɗa masa ka'idar gidansu. 

Majistare ya saurara har ƙarshe. Shi ma ɗan ƙasar ne, ba sai an yi masa dogon bayanin ɗori ba.

"Ɗanta ba zai iya yanke igiyar ba?"

"Yanke igiya kowa ya iya. Riƙe ƙashin sa'ad da igiya tas saki shi ne aikin. Karayar cinya ce, ƙashin da tsini. In ya goce ta ciki zai huda ta."

Majistare ya dubi agogon bango, ya dubi Labbo.

"Ba zan taɓa odar nan a bayan idon wanda ya nema ba. Ina mai ƙara?"

Isiyaku ya ɗaga hannu daga bakin ƙofa kamar ɗan makaranta. "Na san inda shike!"

"Kofur, bi shi ku zo da shi. In aka yi kiran salla ba ku dawo ba, na tashi."

Zaman jiran nan, kada Allah Ya maimaita. Labbo ya zauna a benci, ya tashi. Ya buɗe jaka ya duba igiya da man shanu, ya rufe, ya sake buɗewa. Duk mashin ɗin da ya gifta sai ya leƙa. Lasifikar masallaci ta yi ƙara ana gwada ta, ya zabura, ya ɗauka kiran salla ne.

Sai ga su.

Ya'ƙub ya shigo, kuma da Labbo bai san tafiyarsa ba da bai gane shi ba. Ya rame, idanu sun faɗa, rigar jikinsa kamar da ita yake kwana. Ko inda Labbo yake bai kalla ba.

"Ya'ƙub," in ji majistare, "ka san halin da mahaifiyarka take ciki?"

"Na sani."

"Wannan mutumin yana neman in janye odar da na sa masa. Me ka ce?"

"Ban yarda ba."

Labbo ya zabura. "Ya'ƙub! Inna ce hwa!"

"Zauna!" in ji kofur.

Majistare ya jingina. "Kana tsoron zai cuce ka?"

Ya'ƙub ya kau da kai.

"Da kai nake. Ranar nan ka ce yana da wuƙa."

"Wuƙar aiki ce," in ji Ya'ƙub a hankali. "Labbo ba ya sukata. Ko an ba shi ni a ɗaure."

Aka fara gunaguni a benci.

"To in ba ka tsoronsa, odar ta mece ce?"

"A dai bar ta."

"Dalili?"

"Ranka shi daɗe, a bar ta don girman Allah."

"Kotu ba ta tsare mutum daga gari don an ce don Allah. Ka ba ni dalili."

Ya'ƙub ya buɗe baki. Ya waiga ya ga benci cike da 'yan kasuwar da suka shigo kallo, har da mutanen Mungadi biyu. Ya mai da bakinsa ya rufe.

Haushi ya turnuƙe Labbo. A ransa ya ce, wannan ba mutum ba ne. Don an faɗa maka magana a gaban jama'a, sai ka bar ƙafar uwarka ta ruɓe?

Majistare ya jawo fayil ya yi rubutu.

"Ku saurara. Alkawarin zaman lafiya yana nan, duk wanda ya ɗaga wa wani hannu zai gamu da ni. Amma hanin shiga Mungadi da gidan, na ɗage shi saboda jinya. Kofur zai raka shi. Sauran maganar ku dawo mu ji ta a natse. Kotu ta tashi."

Labbo ya kifa goshi a ƙasa. Bai ma tsaya godiya ba, ya yi waje da gudu, yana kiran Isiyaku.

Ya ɗora ƙafa a kan mashin ke nan aka riƙe masa riga ta baya.

Ya juyo. Ya'ƙub ne, durƙushe a gindin dogonyaro, a cikin fitsarin awaki.

"Sake ni."

"Labbo."

"Na ce ka sake ni! Kotu ta gama da kai."

"Ka tsaya ka ji."

"In ji mi? Ka kai ni gaban hukuma, ka sa Kawu da tsuhwanai ya yi tsayuwar mai laihi, duk na haɗiye. Amma Inna? Mi tay yi maka?"

Ya'ƙub ya dubi Isiyaku da kofur. Su ma suka gane, suka ja gefe.

"Ran da munka yi hwaɗa," ya ce, murya can ƙasa, "bayan ka tahi, na shiga gida raina a ɓace. Zinatu tat tare ni. Tac ce gaskiya Yaya Labbo yah hwaɗi."

Zinatu. Ƙanwar Labbo uwa ɗaya uba ɗaya, ita ce matar Ya'ƙub. Ita ba ta sha nonon Inna ba, shi ya sa malamai suka ɗaura auren ba gardama, kuma Labbo ne da kansa ya yi mata walicci. Yanzu 'ya'yansu sun cika tsakar gida.

"To sai mi?"

"Sai shaiɗan ya hau ni."

"Ka buge ta?"

"Da bugun ne da sauƙi."

Labbo ya sauke ƙafarsa daga kan mashin.

"Mi ka yi, Ya'ƙub?"

"Na rantse."

"Da mi?"

Hawaye ya gangaro ya shige gemunsa.

"Na ce in Labbo yas sake shiga gidan ga, Zinatu ta saku. Saki uku."

Kasuwar Jega duk da hayaniyarta, Labbo ya daina jin ta. Sai wani zuuu a kunnensa.

"Uku?"

"Uku."

"Wa yaj ji?"

"Ita. Da Inna daga ɗaki. Da mutum biyu da sunka biyo ni ba ni haƙuri."

"La'ilaha illallahu."

"Kahin gari shi waye na yi nadama. Amma na san halinka. Na san gobe-gobe za ka sayo goro ka taho, ka yi sallama ka shige kai tsaye kamar yadda kas saba. In na aiko maka kak ka zo, za ka zo ka ji dalili. In na hwaɗi dalili, duniya ta ji abin da nay yi ma ƙanwarka. Shi ne nat tahi wurin 'yan sanda."

"Wato katanga kay yi da kotu."

"Na aza kahin lokacin kwance ɗauri in samu mahita. Ban san ƙahwar za ta kumbura ba. Wallahi ban sani ba."

"Malamai hwa?"

"Limamin Mungadi, da wani a Maiyama, da wanda nij je yau. Bakinsu guda. In ka shiga, ta auku. Ba mai da aure, ba biko."

"A hiddo Inna waje."

"Shi munka gwada jiya. Ba Isiyaku ya hwaɗa maka ta suma ba?"

Labbo ya ɗaga hannu. Allah Ya sani marin da ya yi niyya da ya sauka, da majistare bai kai masallaci ba an mai da su gabansa. Hannun ya tsaya a sama. Ya sauke shi a kan nasa kan.

Ashe duk gudun da ya yi tun safe, wurin rusa abin da ke tsare auren ƙanwarsa yake gudu. Da ƙafarsa ya je, da bakinsa ya roƙa, har da kifa goshi.

"Zinatu ta san haka, kuma ita ta aiko a kira ni?"

Ya'ƙub ya ɗago da sauri. "Ita ta aika?"

Ashe bai sani ba.

Ladan ya ɗaga murya. Kofur ya matso yana kallon agogonsa.

"Malam, za mu ko ba za mu ba?"

"Mu tahi," in ji Labbo.

"Labbo, don nonon da munka sha..."

"Kai dai kac ce nono kawai nis sha. Hau mashin."

*

A hanya suka tsaya suka bi jam'i a wani masallacin bakin titi, kuma in za a tambayi Labbo surar da liman ya karanta, ba zai iya faɗa ba. Isiyaku ya goya shi, kofur ya goya Ya'ƙub a nasa mashin. Suka wuce gonakin albasa kore shar, mata na tsinkar ganye, masu ban-ruwa na ɗaga musu hannu. Ba wanda ya amsa.

Labbo sai lissafi yake da ba ya ƙarewa. Ya tuna Inna tana ɓoye masa ƙanzo a cikin zani don kada Ya'ƙub ya gani. Ya tuna Zinatu ranar da aka kai ta, ta riƙe masa hannu a bakin zauren gidan Inna tana kuka, shi yana ce mata ai gida kika zo. Ya ɗora wannan, ya sauke, ya ɗora wancan. Duk wanda ya ɗaga sai ya ji ɗayan ya fi nauyi.

Da suka shiga Mungadi, labari ya riga su. Mutane sun yi cirko-cirko a ƙofar gidan, ganin ɗan sanda ya sa aka dare aka ba su hanya.

Tun daga waje ana jin nishin tsohuwa. Ba kuka ba ne, wani irin gurnani ne mai fita da numfashi, ya ɗauke, ya dawo.

Labbo ya sauka. Ya taka har bakin zaure ya tsaya, yatsun ƙafarsa dab da dokin ƙofa. Zauren da tun yana rarrafe yake shigarsa ba neman izni.

"Bisimilla mana," in ji kofur. "Ai an ba ka izni."

Bai motsa ba.

Sai ga motsi daga ciki. Zinatu ce ta fito, lulluɓe da mayafi, goyo a baya. Idanunta sun kumbura amma a bushe suke. A kanta akwai ƙunshin kaya, ɗaure da tsohon zanin aurenta.

Ta sauke ƙunshin a cikin zaure, a gefen ƙofa.

"Sannu da zuwa, Yaya."

"Zinatu, kin san abin da..."

"Na sani. Ni nik kira ka."

"Ɗiyanki hwa?"

"Ɗiya suna da ubansu, suna da ni ko ina nike. Inna ƙahwa biyu gare ta, guda na mutuwa. Na kwana ina shahwa ta, Yaya. Sanyi kamar tulu da asuba."

Ya'ƙub ya zube a ƙasa ya kama ƙafar wandon Labbo da hannu biyu. Mutumin da ko a makokin ubansa ba a ga hawayensa ba, yau ga shi yana kuka a gaban yara da manya.

"Zinatu, ki yahe mani. Labbo, ka ba ni zuwa gobe. Akwai wani malami a Gehuru, an ce..."

"Babu gobe," in ji Labbo. "Ko la'asar ban da tabbas."

"Shigo, Yaya," in ji Zinatu. "Na riga na ɗaure kayana."

Nishin ciki ya tsaya.

Kowa ya kasa kunne. 

Sai murya ta taso daga can ɗakin ƙurya, siririya, a shaƙe, amma ba wanda bai ji ta ba.

"Labbo ne?"

"Ni ne, Inna!"

"Kak ka shigo."

"Inna..."

"Na ce kak ka shigo! Na ci zamanina da ƙahwar ga. A bar ta ta tahi, a bar mani gidan ɗana. In ka tsallako zauren ga, Labbo, ban yahe maka nonona ba!"

Mata suka ɗauki salati. Kofur ya cire hularsa, bai ma san ya cire ba.

Labbo ya dubi Ya'ƙub a ƙasa. Ya dubi ƙunshin kayan Zinatu. Ya dubi jakar fatar da ke hannunsa, igiya ta leƙo ta bakinta.

Can ciki tsohuwa ta saki wata ƙara da ta kasa riƙewa.

Labbo ya sunkuya, ya cire takalminsa na dama, kamar yadda ya saba in zai shiga wurin Inna.